Wayar Mai Koren Maɓalli

Duk wanda ya taɓa zuwa neman biza a wancan ofishin jakadancin ya san ba a shiga da waya. Ko 'yar mitsitsiya ce, ko a kashe take, maigadi zai lalube aljihunka ya ce ka koma ka ajiye. To ina mutum zai ajiye, ga shi ya baro gida da nisa, ga layi, da ya matsa wani ya maye gurbinsa? Sai wurin Inna Mai Akwati. Tana tsallaken titi a gindin katanga, ƙarƙashin wata lema da rana ta cinye launinta, da akwatin katako a gabanta mai ƙananan gidaje kamar na tantabara.

Inna ba ta yi makaranta ba, shi ya sa ba ta ba da lamba a takarda irin ta sauran masu ajiya. Maɓalli take bayarwa. Marigayi mijinta tela ne, ya rasu ya bar mata gwangwani cike da maɓallan riga, ta zauna ta ware su biyu-biyu, kowanne da ɗan'uwansa. Ɗaya ta ɗaure shi da zare a bakin gidan akwatin, ɗaya ta danƙa maka a hannu. Idan ka fito ka kawo naka, ta kara shi da nata, in sun yi daidai ta miƙo maka wayarka. Wanda ya yar da nasa a ciki kuwa, sai ya zauna ya faɗi kamannin wayar tun daga gaba har baya, ya kuma sha faɗa kafin a ba shi.

Ƙa'idarta ɗaya ce, kuma duk titin an san ta da ita: ba ta amsa wayar ajiya. Ko za ta yi ta ruri har ta gaji, Inna ba za ta ɗaga ba. Cewa take ajiya aka ba ta, ba a ba ta sauraron sirrin gidan mutane ba.

Shawara kuwa kyauta ce, tare da maɓallin ake ba ka, ko ka nema ko ba ka nema ba. Ita da ko filin jirgi ba ta taɓa leƙawa ba, amma ta daɗe tana sauraron masu fitowa, da masu dariya da masu share ido. Sai ta ce maka ka amsa abin da aka tambaye ka kawai, kada ka ƙara gishiri. Takardunka su zama na asali, ka jera su tun a waje, kada ka je gaban gilashi kana ta dube-dube kamar wanda kaza ta ɓace masa. Wanda ya tare ka a hanya ya ce yana da ɗan'uwa a ciki, ka yi masa fatan alheri ka wuce. In Allah ya sa an ba ka, fasfonka kada ya rabu da jikinka, kuma ko tsohuwa irinta ce ta ba ka ƙulli a tasha ta ce ka kai wa jikanta, kada ka karɓa.

Mai Hoto, wanda shagonsa ke bayanta, Jakadiya yake kiranta. Da safe in ya ɗaga ƙofa sai ya rusuna ya ce ranki ya daɗe, yau wa za a ba wa za a hana? Ita kuma ta kira shi Mai Kunnuwa, don aikinsa ke nan duk yini, ce wa mutane su fito da kunne su rufe baki, hoton biza ba a murmushi. Tana cewa ya ɗauki mutane da yawa a murtuke har tasa fuskar ta koyi halin.

An daɗe rediyo tana ƙishin-ƙishin cewa gwamnatinmu da ta ƙasar masu ofishin ba sa ga-maciji kan wata magana ta iyaka. Yau a ce an kira jakada gida don tuntuɓa, gobe a ce an sasanta. Mutanen titin sun saba, ba wanda ya ɗauki abin da zafi, sai ma layin da ya ƙara tsawo saboda kowa na so ya samu kafin a ce wani abu.

A irin wannan safiyar ce wata yarinya ta zo. Doguwa ce, da farin takalmi irin na ma'aikatan jinya, idanunta sun kumbura. Wayarta ƙarama ce, murfin bayan ya tsage an ɗaure da roba. Inna ta saka ta a gidan ƙarshe na sama, ta ba ta koren maɓalli mai ido huɗu. Yarinyar ba ta tafi ba, ta tsaya tana juya maɓallin a tafin hannu, sannan ta tambaya, idan suka ce wa ta bari a gida, me za ta ce?

Inna ta ce ta faɗi gaskiya mana.

Yarinyar ta ce uwarta ce ta bari, kuma uwar ba ta son tafiyar. Wani asibiti ne a can ya ɗauke ta aiki, jiya suka rabu baram-baram. Inna ba ta tambayi abin da aka faɗa ba. Ta zuba mata ruwa daga buta ta ce ta wanke fuskar nan, kada a gan ta haka a ɗauka gudun wani abu take yi. Yarinyar ta wanke, ta goge da gefen mayafi, har ta ɗan yi dariya.

"Inna, ki riƙe min ita da kyau," ta ce. "Ina fitowa ita zan fara kira, ko an ba ni ko an hana ni."

Wajen azahar aka fara jin hayaniya daga ƙasan titi. Kafin a ce me ke faruwa, jama'a sun cika gaban ofishin suna ihu, wasu na jifan ƙofa, don labari ya fito cewa an kori jakadu, nasu da namu. 'Yan sanda suka zo suka saki hayaƙi mai sa hawaye. Inna ta bar lemar da kujerar, ta ɗora akwatin a ka, ta bi lungu tana tari, hannunta ɗaya a kan murfin kada wayoyin mutane su zube.

Da titin ya lafa ta dawo ta zauna a wurinta. Masu maɓalli suka riƙa zuwa ɗai-ɗai, mai ja, mai ruwan ƙasa, mai irin na kwat, kowa ya karɓi tasa yana godiya. Gidajen akwatin suka zama wayam, sai na ƙarshe na sama.

An sauke tutar ofishin. Aka liƙa sanarwa a ƙofa, rediyo kuma ta yi ta maimaitawa: an dakatar da ba da biza, an rufe iyaka, layin waya tsakanin ƙasashen biyu ba ya aiki, kada kowa ya yi gangancin bin ɓarauniyar hanya, wanda ke da ɗan'uwa a can ya yi haƙuri ya jira sanarwa. Ma'aikatan ofishin sun tafi da akwatunansu, aka bar Maigadi shi kaɗai, shi da wata kyanwa da matar wani babba ta kasa tafiya da ita. Shi ne ya gaya wa Inna cewa ranar da abin ya faru, ta ƙofar baya aka fitar da mutanen da ke ciki, aka ce wa waɗanda aka buga wa biza in za su tsallaka su tsallaka kafin faɗuwar rana. Ya tuna doguwar mai farin takalmi. Ya ce ta so ta zagayo gaba, 'yan sanda suka kora ta, ya ga ta yi hanyar tasha da gudu, fasfo a ƙirji.

Kun san titin da ofishi ɗaya ke ciyarwa. Mai shayi ne ya fara tashi, sai masu cike wa mutane takardu da injin bugunsu, sai dillalan nan masu ɗan'uwa a ciki, waɗanda ko sallama ba su yi ba. Sauran masu ajiya suka naɗe tabarmi. Ganye ya riƙa taruwa a inda ake yin layi, ba mai taka shi. Inna dai kullum ta fito ta kafa lemarta, ta ajiye akwatin, ta zauna.

Wayar kuwa ba ta yi shiru ba. Kullum bayan la'asar sai ta yi ruri a cikin gidanta, katakon ya ɗauka yana karkarwa, ta yi har ta yanke, a sake kira sau ɗaya, shi ke nan sai gobe. Inna ta nuna wa Mai Hoto fuskar wayar, ya ɗaga tabarau ya karanta mata: Umma. Ya ce Jakadiya, ki ɗaga mana, ai wannan ba sirri ba ne, uwa ce. Ta ce tun da ta fara sana'ar nan ba ta taɓa ba, kuma mai wayar na iya ɓullowa gobe, da wane ido za ta dube ta? Ya ce taurin kanta ya fi na gwamnatocin biyu. Ba a daɗe ba shi ma ya kwashe fitilunsa da farin ƙyallensa ya koma kusa da wata makaranta, inda ɗalibai ke buƙatar hoton jarrabawa. Da zai tafi ya bar mata wata tsohuwar caja da ta dace da wayar, bai yi zolaya ba ranar.

Ta riƙa kula da wayar kamar jinjiri. Da ta ga cajin ya yi ƙasa sai ta roƙi Maigadi ya saka mata a ɗakin gadi, ta tsaya a bakin taga har ta cika. A ganinta, wayar da aka ba ta da rai ba za ta mayar da ita a mace ba.

Ɗanta, mai gyaran firji ne a can wani gefen gari, ya zo ya same ta a gindin katangar. Ya tsuguna ya gaishe ta, ya dubi titin sama da ƙasa, ya ce Inna, wa kike jira a nan? Ɗaki na nan a bayan gidansa, ya yi fenti, matarsa ta saka labule. Zaman kaɗaici a ɗakin haya da shekarunta bai dace ba, mutane ma sai su ce ya yar da ita. Ta ce ta ji, Allah ya yi albarka, amma akwai ajiyar mutum a hannunta, kuma nan ne kaɗai inda mai ita ta san za ta same ta. Ya ce waya ɗaya, mai roba? Ta ce ko allura ce. Ya tashi ya kaɗe wandonsa, ya ce ɗakin dai na nan.

Gaskiyar magana, ɗakin hayan nata ba abin da ke motsi a cikinsa sai ita. Keken ɗinkin marigayi na lulluɓe a lungu, gado, 'yar murhu, da gwangwanin maɓallan da ba su sami 'yan'uwa ba. Tata wayar sai ta kwana biyu ba ta yi ƙara ba, in ta yi ma ɗan ne, ya tambayi lafiya da sauri, ana jin ƙarar guduma a bayansa. Sannu a hankali sai ta tarar tana jiran la'asar. Tana idar da salla a gefen katanga za ta jawo akwatin kusa da gwiwarta. In wayar ta fara, sai ta ɗora tafin hannu a kan katakon tana jin karkarwar, a ranta tana cewa sannu baiwar Allah, yau ma kin tashi lafiya. Wani lokaci har ta siffanta ta: gajera ce ko doguwa kamar 'yar, a tsakar gida take kira ko a ɗaki.

Rannan la'asar ta yi, wayar ba ta yi ruri ba. Inna ta duba caji, a cike yake. Ta zauna har inuwar ofishin ta tsallako titi ta rufe lemar, shiru. Washegari ma haka. Abinci ya ƙi shiga. Ta tambayi Maigadi ko waya na iya lalacewa haka kawai ba a taɓa ta ba, ya gwada kiran lambar ofis da tasa ya ce layi lafiya lau. Ya ce wataƙila matar ta gaji ne. Inna ta ce uwa ba ta gajiya da wannan, sai dai in wani abu ya same ta. Ta riƙa tunanin tsohuwa kwance a ɗaki ba mai miƙa mata ruwa, ko ma an riga an kai ta, ta tafi ba wanda ya taɓa amsa mata.

Da wayar ta sake yin ruri, bayan 'yan kwanaki, Inna ba ta tsaya shawara da kowa ba, har da kanta. Ta ga dai wayar a kunnenta.

Muryar ta dushe, numfashi na fita da ƙyar. "Auta? Auta, kada ki kashe. Na janye. Abin da na faɗa na janye shi, bakina ne kawai."

Inna ta yi sallama, ta ce 'yar'uwa, ki yi haƙuri, ba Auta ba ce. Ta faɗi ko ita wace ce, da akwatin, da maɓallin, da ranar hayaƙi, da ƙofar baya. Ta faɗa a hankali, ba ta tsallake komai ba.

Sai matar ta fara magana, ita ma a hankali. Zazzaɓi ne ya kwantar da ita, maƙwabta suka kai ta asibiti, shi ya sa aka ji ta shiru. Ta san 'yar ta tsallaka, wata maƙwabciya da ta je birni ranar ta gan ta tana shiga motar iyaka a tasha. Abin da ba ta sani ba shi ne wayar ba ta tare da ita. Daren da za su rabu ta ce wa 'yar in ta sa ƙafa ta tafi, kada ta ƙara jin muryarta. Saboda haka kullum in ta kira ta ji yana shiga, sai ta ga yarinyar a can zaune, wayar a hannu, tana kallon sunan uwarta tana ƙin ɗagawa. Mutane sun ce mata layin can ba ya aiki, ta ce ƙarya ne, ga nata yana shiga.

"Yana ci min rai," ta ce, "amma ina cewa tunda tana fushi, ai tana da rai. Yanzu kin ce ba fushi take ba. To tana ina?"

Inna ta dubi cajar da ke naɗe a gefen akwatin. Duk tsayuwar da ta yi a bakin tagar Maigadi, ashe wutar da take ba wayar ita ke hura wa wata baiwar Allah baƙin ciki kullum la'asar. Da ta bar ta ta mutu, da matar ta gane tun tuni. Ba ta faɗi wannan ba. Ta ce ba ta san inda take ba, ba za ta yi mata ƙarya ba. Abin da ta sani shi ne ta zuba mata ruwa ta wanke fuska, ta yi dariya, kuma maganarta ta ƙarshe kafin ta shiga ita ce tana fitowa uwarta za ta fara kira, ko an ba ta ko an hana ta. Maigadi ma shaida ne, ta yi ƙoƙarin zagayowa ta karɓi wayar aka kora ta.

Matar ta ce ta maimaita. Inna ta maimaita, kalma bayan kalma, yadda yarinyar ta faɗa. Aka yi kuka a can, marar sauti, irin na wanda ba shi da ƙarfin yi. Inna ta riƙe wayar ta jira, kyanwar ofishin ta fito ta ƙarƙashin ƙofa ta zauna a tsakiyar titi tana lasar ƙafa.

Maigadi ya taɓa gaya wa Inna cewa ofishin jakadancin wata ƙasa ta uku ya karɓi riƙon al'amuran mutane tsakanin ɓangarorin biyu, sun buɗe taga inda iyalai ke kai sunan nasu. Uwar na can wani gari mai nisa, ga gwiwa, ga jinya. Inna ta ce ta faɗa mata cikakken sunan yarinyar da na asibitin, ta yi ta nanatawa har ya zauna mata. Washegari ta shiga mota ta je. A can ma ba a shiga da waya, ta ba wani saurayi ajiyar tata da ta amanar, ya ba ta lamba a takarda, ta riƙe takardar gam kamar za a ƙwace. Matar da ke bayan gilashi ta rubuta sunan, ta ce za a aika, amma ba ta yi alkawarin rana ba, sunaye sun yi yawa. Ta nemi lambar da za a kira in an sami labari. Inna ta ba da ta uwar.

Da la'asar da uwar ta kira, Inna ta gaya mata yadda aka yi. Sannan ta kawo maganar da ta kwana da ita: tunda an san gida yanzu, za ta ba wani direba amintacce wayar ya kai mata, kayan 'ya ai na uwa ne, ita kuma ta sauke nauyi.

Matar ta ce a'a.

Inna ta ce direban sananne ne, ba zai taɓa ba.

"Ba shi ba ne, 'yar'uwa. Maɓallin yana hannunta, ke za ta nema. Ki riƙe." Ta ɗan yi tari. "Kuma in kika aiko min da ita, wa zan kira?"

A ƙarshen watan ɗan ya zo da mota aka ɗauki keken ɗinki da gado. Kafin su tafi Inna ta sa ya tsaya a gaban ofishin. Ta kwatanta wa Maigadi gidan, daga babbar mahaɗa zuwa shagon firji, zuwa ƙofa mai shuɗin fenti, ta sa ya maimaita, ya yi kuskure a kwana ta biyu, ta sa ya sake. Ta ce mai wayar doguwa ce, kada ya manta, ko da ta canja takalmi. In kuma an canja shi daga aikin, ya gaya wa wanda zai gaje shi. Lemar ta bar masa. Ta tsinke zaren koren maɓallin daga bakin akwatin ta ƙulle shi a gefen zanenta.

Ɗakin bayan gidan yana da taga ɗaya mai kallon katangar maƙwabta. Jikoki na makaranta, surukar na wurin aiki, gidan shiru har yamma. Akwatin na ƙarƙashin gado, babu komai a ciki. Wayar na kan taga kusa da soket, robar bayanta ta tsinke Inna ta sake mata wata.

Bayan la'asar wayar ta yi ruri.

"An kira ki?" in ji Inna.

"Ba a kira ba. Can fa, an buɗe ofishin?"

"Ba a buɗe ba."

Sannan Inna ta gyara zama, ta jingina da bango, ta tambaye ta yaya gwiwar.